Albasar da ta ruɓe cikin rudu, tun a fangali anka kashe ta

Salamu alaikum ƴan uwa manoman rani, musamman na nan jihar Tawa. Yau maganar farin taki nake son in yi, wato ure, kuma na san wasu ba za su ji daɗinta ba, don duk inda anka zauna hirar taki abu guda ake faɗi, ya yi tsada, gwamnati ta sa hannu, a kawo mai rahusa kuma a kawo shi da wuri kafin dashe ya wuce. Duk gaskiya ne, ni ma da kuɗina nake saye na san yadda aljihu ke ji. Amma akwai ɗaya gefen maganar da ba mu son taɓawa, yadda mu da hannunmu muke ɓarnatar da ɗan wanda munka samu, har ma ya juyo ya lalata mana amfanin da munka sha wahala a kai wata huɗu wata biyar.

Shekara uku da sunka wuce na yi albasa a garkarmu ta fadama, ni da ƙanen mahaifina, kowa da ɓangarensa amma rijiya guda inji guda. A shekarar Allah ya ɗan buɗa min, sai na ƙara buhun ure bisa wanda na saba saye, kuma duk kwana goma sai na bi fangula na watsa, ban tsaya ba har albasa ta fara ɗaura kai. Wallahi lawashin nan sai ka tsaya kallo, kore shar har yana ɗaukar baƙi-baƙi, duk wanda ya biyo ta hanyar garka sai ya ce masha Allah bana kai ne sarkin noma. Tsohon ya zo ya tsuguna ya kama wuyan albasa guda ya matsa da yatsu biyu, ya ce min ɗana wannan ba ta ajiya ba ce, in ka cire ka kai kasuwa ran nan. Na ce Baba ai ka ga girmanta, ya ce girman ruwa ne. Ban ji ba. Munka cire a watan Afirilu na zuba a rudu, wato rumbun ajiyar albasa, ina jiran kuɗinta ya tashi da damana kamar yadda kowa ke yi, kafin wata biyu wari ya fara fitowa, da munka buɗe sai ga ruɓa ta shiga ta wuya ta sauka har ciki, wadda na zubar ta fi wadda na tsira da ita. Tashi kuwa da ba ta kai tawa girma ba, mai siririn wuya da busasshen ɓawo, ta zauna lafiya har lokacin da masu motocin Gana sunka zo nema.

Tun daga ranar nake bin wannan magana, ina tambayar malaman gona ina karanta abin da na samu, kuma abin da na gane shi ne yawancinmu ba mu san mi ke cikin buhun ba. Abin da ke sa ganye kore shi ne sinadarin da ƴan lokol ke cewa azot, a Najeriya su ce naitirojin. Lambobin nan da ke jikin buhu ba ado ba ne. Ure kashi 46 cikin 100 ɗinsa azot ne, wato buhu mai kilo 50 yana ɗauke da kilo 23. Shi kuwa kanz-kanz, 15-15-15, buhunsa kilo 7 da rabi kawai yake da shi na azot, sauran fosfor ne da potas. Takin da ake kira DAP mai 18-46-0 kilo 9 ne azot ɗinsa. To ka duba, buhun ure guda ya kai buhu uku na kanz-kanz wajen azot, amma da hannu guda muke ɗibarsu, cikin hannu a nan cikin hannu a can, kamar duk abu ɗaya ne. Wanda ya saba watsa kanz-kanz ya koma ure da wannan awon ya ninka wa shukarsa sau uku bai sani ba.

Na taɓa kai cikin hannuna na ure wajen mai sikeli ya auna min, ya kusa giram 40. A ce malamin gona ya ce maka buhu biyu a hekta a zubi guda, kilo 100 ke nan, hekta kuwa murabba'in mita 10,000 ce, in ka raba giram 10 ke faɗa wa kowace mita. Cikin hannuna guda na mita huɗu ne ke nan, ni kuwa a mita guda ko biyu nake zubar da shi don in na ga ƙwayoyin sun yi nisa da juna sai zuciyata ta ce bai isa ba. Ina roƙon duk mai garka ya yi wannan awon sau ɗaya a rayuwarsa, ya auna hannunsa ya auna fangalinsa da taku, zai sha mamaki.

Ina rarar take tahiya? Wannan ne wurin da ya fi ci min rai. Masana sun daɗe da tabbatar da cewa a duniya baki ɗaya shuka sau da yawa ba ta cin ko rabin azot ɗin da anka zuba mata. In ka watsa ure bisa ƙasa ka bar shi fili cikin zafin nan namu, ba ka rufe ba kuma ba ka bi shi da ruwa ba, rikiɗa yake ya zama iska mai wari ya tashi sama, irin warin nan mai hawa hanci da kake ji a garken awaki da safe. Kuɗinka ne ke tashi. In kuma ka ce bari in cika ruwa, ka buɗe inji fangali ya yi tafki, to azot ba ya kama ƙasa kamar fosfor, bin ruwa yake ya gangara ƙasa inda saiwa ba ta kaiwa, ballantana albasa da salati masu gajeriyar saiwa, ballantana kuma a ƙasa mai rairayi. Shi ya sa ake cewa a raba shi kashi-kashi, a zuba da yamma ko da sanyin safiya bisa ƙasa mai laima, a ɗan tona a rufe ko a ba shi ruwa madaidaici ya shiga da shi. Wannan ba ya buƙatar ko dala, lokaci kawai da kula.

Kuma wanda ya gangara ɗin ba ɓacewa yake ba. Rijiyoyin fadama ba su da zurfi, kuma kowa ya san daga nan muke sha in muna aiki, mata na ɗiba su kai gida, yara na sha. Hukumar lafiya ta duniya ta sa iyaka, kada nitrat, wato abin da azot ɗin taki ke rikiɗewa ya zama in ya bi ruwa, ya wuce miligiram 50 a litar ruwan sha, kuma waɗanda abin ya fi yi wa illa jarirai ne ƴan watanni da ake dama wa madara ko kunu da irin wannan ruwan, don yana hana jininsu ɗaukar iska yadda ya kamata. Ruwan ba ya canza launi ba ya canza ɗanɗano balle ka gane. Shi ya sa nake cewa wannan magana ta wuce ta mai garka shi kaɗai, ta gari ce, don abin da na zuba a fangalina yana iya fitowa a rijiyar maƙwabcina.

Ita shukar kanta tana magana in mutum ya iya saurare. In azot ya yi mata kaɗan tsofaffin ganye na ƙasa ke fara yin rawaya, na sama suna kore, don shuka na kwashe abin da ke cikin tsoho ta ba sabo, a masara ma za ka ga rawayar ta fara daga bakin ganye ta bi tsakiya ta shiga. Amma in sabbin ganye na sama ne sunka yi fari-fari na ƙasa suna kore, wannan wata matsala ce daban, ure ba zai yi maganinta ba. Haka in ruwa ya kwanta saiwa ta kasa numfashi, ko tsutsa ta ci saiwa, ganye zai yi rawaya ko da ƙasa cike take da taki. Mu kuwa duk rawayar da munka gani magani guda ne, a ƙaro fari. Kamar mutum ne duk ciwon da ya same shi ya sha maganin masassara.

In kuma ya yi yawa, ganye ya yi duhu ya yi laushi ya cika ruwa, abin da ƙwari ke so ke nan, darɓa da ƴan ƙananan ƙwarin nan masu shiga tsakanin lawashi su tsotsa har ya yi fari, sai ka koma sayen maganin feshi, asara bisa asara. Tumatir ya yi ta reshe da ganye kamar daji, fure kaɗan ƴaƴa kaɗan. Karoti ya yi gashi sama ƙasa ba komi. Albasa ta ƙi kwantar da wuya da wuri, ta nuna a makare, wuyan ya yi kauri ya ƙi bushewa, ta nan ruɓa ke samun ƙofa. Abin da Baba ya ji da yatsu biyu ke nan. Albasa a farkon rayuwarta take son azot, bayan dashe in ta kama, sai a ƙara mata sau ɗaya ko biyu tana cikin yin ganye, da zarar ta fara ɗaura kai a ɗauke hannu, kuma a yanke ruwa kwanaki kafin cira.

Ku tuna mi ya sa albasarmu ta yi suna. Violet de Galmi da ake nema a Akara da Kumasi da Abijan da Lome ba don girma kawai ake nemanta ba, don yajinta ne da kuma juriyarta, tana shan doguwar hanya cikin mota ta isa da ƙarfinta, tana zama a ajiye. Daga Galmi zuwa Madawa zuwa Tsarnawa da Tamaske da Keita gidaje nawa ke ci da wannan suna? In munka ci gaba da kumbura ta da ure don buhu ya cika da wuri, ɗan kasuwar da ya sauke mota a Kumasi ya tarar da ruɓa ba zai ce albasar wane ba ce, cewa zai yi albasar Nijar ta lalace. Mai cika taki yana cin riba ta kwana guda da sunan da kakanninmu sunka gina, kuma wanda ya yi noma da kula shi ma asarar za ta same shi don a mota guda ake lodi.

Kada wani ya ɗauka ina cewa a bar takin zamani. Ko kusa. Ƙasarmu tana cikin waɗanda sunka fi ƙarancin amfani da taki a duniya, kuma gonakin jigawa na hatsi yunwa ce ke kashe su. A 2006 shugabannin Afirka sun taru a Abuja sunka ce a kai kilo 50 a hekta, lokacin matsakaicin abin da ake zubawa kudu da Sahara bai wuce wajen kilo 8 ba. To ga abin takaicin, gonar hatsi mai hekta uku ba ta ganin ko tiya guda, garka mai rubu'in hekta tana shan buhu-buhu har ta ƙoshi ta yi amai. Mutum guda ne fa mai su duka biyun. Da za a rage rarar da ke ƙona albasa a kai ta jigawa da damana, da an ci riba sau biyu. Kuma hanyar tana nan, masu bincike na cibiyar binciken noma ta ICRISAT a Sadore kusa da Yamai tare da INRAN, cibiyar binciken noma ta Nijar, sun daɗe da nuna ta, giram 6 na kanz-kanz ko giram 2 na DAP a kowane gurbi lokacin shuka, abin da bai fi cikin murfin kwalbar lemo ba, kuma hatsi na nuna bambanci ƙarara. A jigawarmu ma sau da yawa fosfor ne ke fara ƙarewa kafin azot, in babu shi ko ka zuba ure ba zai yi cikakken aiki ba, kuma abin mamaki a nan ƙasar Tawa Allah ya ajiye dutsen fosfat ɗin.

Sai maganar da ta fi kowace girma a wurina. Ure abinci ne na shuka na ƴan makwanni, ba ya ƙara wa ƙasa jiki. Ƙasar da ake ba shi kaɗai shekara da shekaru ba takin gida, za ka ga ta yi fari ta taurare ko ta zama gari, ba ta riƙe ruwa ba ta riƙe taki, a ƙasa mai rairayi ma tsami take ƙarawa a hankali, sai mai ita ya ce ƙasa ta saba da taki bana sai na ƙara buhu. Ba sabo ba ne, mutuwa take yi. Ruɓaɓɓen taki shi ne ke zama kamar soso a cikin ƙasa, ya riƙe laima ya riƙe azot yana saki kaɗan-kaɗan, in akwai shi ɗan ure kaɗan sai ya yi aikin mai yawa.

Amma ya muke yi da takin gidan? Mu kwashe kashin dabbobi mu tara shi fili rana na dukansa iska na kwasa wata da watanni, kafin a ɗora a amalanke ƙarfinsa ya tahi saura ƙaiƙayi da ƙura. Mafi yawan azot ɗin da ke fita daga dabba mai saurin aiki a fitsarinta yake, mu kuwa ba mu shimfiɗa komi a turke, ƙasa ta shanye rana ta busar. Da za a riƙa zuba ƙaiƙayi ko ragowar kara ƙarƙashin dabbobi ya tsotse, a kwashe a zuba a rami cikin inuwa, a yayyafa ruwa a rufe, ana juyawa duk sati biyu, cikin wata biyu zuwa uku ka samu baƙin taki mai sanyi mai ƙamshin ƙasar damana. Wasu kuma garin neman sauri su kwaso ɗanyen kashin kaji su zuba a gindin shuka ya ƙone ta, ko su tula garin katako da busasshen kara a fangali ba su ruɓe ba, sai shuka ta yi rawaya, don ƙananan halittun da ke ruɓar da karan suna buƙatar azot su ma, sai su kwashe na ƙasa su bar shuka da yunwa har sai sun gama. Toka ma tana da amfaninta amma kar a cuɗa ta da ure ko ɗanyen kashi, tana korar azot ɗin sama. Takin juji na cikin gari kuwa yanzu sai an tsaya an tsince leda da batir da fasassun kwalabe, in ba haka ba ka kai wa garkarka cuta da kuɗinka.

Da can in an gama kaka Fulani na sauka a gona da garkensu su kwana su yi sati, mai gona ya ba su hatsi su bar masa taki da fitsari a inda ake bukata, babu amalanke babu dako. Yanzu kara ya zama kuɗi, harawa ta zama kuɗi, kowa na kwashe gonarsa tas ya ɗora bisa itace ko ya kai kasuwa, ga kuma rashin yarda da ya shiga tsakani. Ba na zargin wanda ya sayar da kara don talauci ne, amma mu sani duk abin da munka fitar daga gona ba mu mayar da komi ba, bashi ne muke ci, kuma buhun ure ba ya biyan irin wannan bashin.

Kashi 78 cikin 100 na iskar da muke shaƙa azot ne, yana bisa kanmu dare da rana, shuka ce kawai ba ta iya cinsa haka. Sai a 1909 wani Bajamushe Fritz Haber ya gano yadda za a kamo shi, Carl Bosch ya mayar da abin masana'anta a 1913, kuma har yau galibi da iskar gas ake yi, shi ya sa da yaƙin Rasha da Yukren ya tashi a 2022 kuɗin taki ya haura har a kasuwar Tawa. A shekarar ce Dangote ya buɗe masana'antarsa ta ure a Legas mai iya fitar da tan miliyan 3 a shekara, munka ce to sauƙi ya zo kusa, sai ga rufe iyaka bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, Ƙonni ta yi tsit wata da watanni. Duk wanda ya yi noman rani a wannan shekarar ya san yadda anka sha. Abin da nake son mu ɗauka daga nan, mu da ba mu da teku ba mu da masana'antar ure, bai kamata cin abincinmu ya rataya duka ga buhun da sai ya ƙetaro iyaka ba.

Alhali Allah ya ba mu masu kamo shi kyauta. Ka tumɓuke wake ko gujiya mai lafiya ka duba saiwar, za ka ga ƴan ƙulalai kamar ƙwayar hatsi, ka fasa guda da farce in cikinsa ja-ja ne to aiki suke, wasu ƙananan halittu ne a ciki ke kamo azot daga iska su ba shuka. Fangalin da anka cire albasa a Afirilu mi zai hana a sa masa wake da damana maimakon a bar shi ga ciyawa, ko a yi ta albasa bisa albasa shekara goma har cuta ta zauna? Amma fa a bar saiwar a ƙasa da ɗan ganye, in an tumɓuke duka an kai wa tumaki to sai a dawo da kashinsu. Ga kuma gawo, itacen da ke zubar da ganye da damana ya yi kore da rani, kowane manomi ya san hatsin gindin gawo ya fi na fili, tun kafin a zo da wani bincike kakanninmu sun sani har sarakuna na hana sare shi. A Maraɗi da Damagaram manoma sun mayar da miliyoyin hekta da itace ta hanyar barin tohon da ke fitowa da kansa suna gyara shi, a nan Adar kuma mun ga abin da tassa ta yi wajen Illela da Badagishiri, rami da cikin hannu na taki ya tayar da faƙon da anka fidda rai da shi. Duk ba daga waje anka kawo mana su a buhu ba.

Akwai ma wadda mutane ke jin nauyin faɗi, fitsarin mutum. Mata manoma na ƙungiyar FUMA Gaskiya a jihar Maraɗi sun yi shekaru suna tara shi a jarka a rufe ya yi wata biyu zuwa uku kafin a kai gona, sunka sa masa suna oga don a daina ƙyama, kuma gwajin da anka yi da su a gonakin hatsi ya nuna ƙarin amfani wajen kashi 30 cikin 100. Na san za a ce najasa ne, e najasa ne, mutum ya kiyaye jikinsa da tufafinsa ya wanke kafin salla, kuma a gindi ake zubawa ba bisa ganyen da za a ci ɗanye ba. Ba na tilasta wa kowa, amma matar da ba ta da kuɗin tiya guda ta ure kuma gonarta ita ce mafi nisa mafi mutuwa, bai dace mu yi mata dariya ba don ta samo mafita.

To ga inda nake da magana da hukuma da ƙungiyoyinmu na manoma. Duk shekara kokawar a kan buhu ce, tan nawa anka kawo, nawa za a sayar, wa ya samu wa bai samu ba. Ban taɓa zama taron da anka tambayi ina buhun bara ya shiga ba, nawa shuka ta ci nawa ya tashi sama. Ni a ganina kuɗin da za a sa a rahusar buhu, a cire wani abu a ciki a sa malaman gona bisa babur su shiga fadama lokacin dashe, su tsuguna a fangali da manomi su auna tare, don malami guda da ke da garuruwa da yawa a wuyansa ba mai ba abin hawa ba zai iya ba ko yana so. A rubuta awo a jikin buhu da Hausa, da boko da ajami, da hoton gwangwani ko akwatin ashana, tunda ba da sikeli muke aiki ba. A sauƙaƙa gwajin ƙasa, ko da ƙungiya ce za ta haɗa kuɗi a ɗebi ƙasar fadama guda a kai a auna, a san mi ta rasa kafin a sayi abin da ba shi take nema ba. A riƙa auna ruwan rijiyoyin da ke tsakiyar garake ana faɗa wa mutane sakamako. Gidajen rediyon garuruwa da guruf-guruf ɗinmu na WhatsApp da muke cika su da farashin buhu a Galmi da Akara, su ma su ɗauki wannan.

Masu sayar da taki a kasuwa su ma ina da roƙo gare su, don da yawa daga cikinmu su ne malamanmu, abin da mai shago ya ce shi ake yi. Ka buɗe buhu kana sayarwa tiya-tiya a rana, ya sha laima ya dunƙule, sannan yaro ya zo ya ce albasata ta yi rawaya ka ce ƙara biyu. Ka tambaye shi kwana nawa da dashe, wane ganye ne ya yi rawaya, yaushe ya zuba na ƙarshe. In ta fara kai ka ce masa ya bari, ko da ka rasa cinikin ranar, zai dawo maka baɗi da kuɗin albasar da ba ta ruɓe ba.

Mu kuma matasa da munka shigo noman rani da inji da waya a hannu, mu rage raina tsofaffin nan. Baba bai san kalmar azot ba har yau, amma ya san ba a ba albasa fari in ta fara kai, ya san takin gida na bana na baɗi ne, ya san fangalin da ya ci wake ya fi wanda bai ci ba. Abin da na ƙara masa kawai lissafin buhu ne, shi ma da na gaya masa ure guda ya kai kanz-kanz uku sai ya ce ai shi ya sa yake ƙona hannu.

Bana rami biyu na haƙa gindin mangwaro tun watan Agusta, na farko ya riga ya nuna mun kwashe mun zuba a fangula kafin dashe. Na yanka gwangwanin tumatir ƙarami na auna shi wajen mai sikeli, shi ne awona yanzu, zubi biyu kawai zan yi na ure in tsaya. Na kuma ware fangali shida a gefen rijiya, uku zan yi masu yadda na saba da can uku yadda nake yi yanzu, in an cire kowane kashi da wurinsa a rudu, duk wanda ke son gani da idonsa ya zo a watan Yuli mu buɗe tare.